Wasiƙa: A Ba Mai Tsara Wuri Matsayinsa a Fim ɗin Hausa

Ranka ya daɗe Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da ma'aikatanka, muna roƙon fili a jaridarka domin mu yi magana kan wani ɓangare na sana'ar fim ɗin Hausa da ba a cika waiwayarsa ba. Duk sanda aka zo sharhin fim, jarumai da darakta da mawaƙa ake ambata. Mutumin da ya yanke shawarar irin ɗakin da za a zauna, da launin bangonsa, da tabarmar da ke ƙasa, da butar da ke bakin ƙofa, ba a jin sunansa. Sau da yawa ma babu shi gaba ɗaya: ranar ɗauka ake tura yaro ya aro kujera a maƙwabta. Wannan mutum shi ne mai tsara wuri, kuma abin da muke kira a kai shi ne a ɗauke shi aiki tun ranar da aka gama rubuta labari, a ware masa kuɗinsa da lokacinsa, a ba shi iko kan duk abin da kyamara za ta gani wanda ba mutum ba.

Muƙamin tsoho ne a duniyar fim. A Amurka an fara kiran mutum da wannan suna a 1939, lokacin da aka ba William Cameron Menzies muƙamin. A nan gida akwai marigayi Pat Nebo, wanda ya rasu a 2023 bayan ya shafe shekaru yana wannan aiki a fina-finan kudu, kuma gasar fina-finan Afirka ta AMAA tana da kyauta ta musamman ga wannan fanni. A wajenmu ne har yanzu ake ɗaukarsa aikin duk wanda hannunsa ya faɗa a kai.

Aikin daga takarda yake farawa. Mai tsara wuri zai karanta labarin sau uku aƙalla. Karatun farko don ya ji labarin, na biyu da biro a hannu, na uku tare da darakta. A karatu na biyu yake fitar da jadawali: lambar kowane sin (wato fitowa), a ina ne, ciki ko waje, dare ko rana, wa ke ciki, me zai riƙe, me zai zauna a kai, me zai ci, me zai fasa. Gaban kowane abu a rubuta hanyar samunsa, saye ko haya ko aro ko ƙerawa. Marubuci zai ce kawai "Malam yana zaune a zaure". Mai tsara wuri ne zai tambaya: wane irin malami? Na allo ne, ko na zaure mai karantar da manyan littattafai, ko malamin firamare? Na allo yana buƙatar buzu, alluna jingine da bango, tawada da alƙaluman kara, da tabon hayaƙi inda ake hura wutar karatun dare. Na firamare kuwa kekensa ko mashin ɗinsa ne a zauren, da tarin littattafan yara da ya zo da su gida dubawa. Kafin jarumi ya buɗe baki, ɗakin ya kamata ya faɗa wa mai kallo ko wanene shi, da abin da yake samu a wata.

Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne zamani. In labari ya ce 1970 ne, to babu naira, domin sai 1 ga Janairu 1973 ta fito. Fam da sule ake kashewa. Motoci kuma hannun hagu suke bi, sitiyarinsu a dama, har zuwa Afrilu 1972 da aka koma hannun dama. Allon ofishin gwamnati a Zariya tsakanin 1967 da 1976 Jihar Arewa ta Tsakiya zai ce, sunan Jihar Kaduna bai zo ba tukuna. Kamfanin Peugeot na Kaduna a 1975 ya fara haɗa motoci. Takardar naira ɗari ta fito a 1999, ta dubu a 2005, wayar salula ta bazu daga 2001. Dattijon da ya rayu a waɗannan shekaru yana ganin kuskure ɗaya zai daina yarda da sauran labarin, ko da jarumai sun zubar da hawaye na gaske. Haka nan a fim ɗin sarauta: rawani mai kunnuwa biyu ba na kowa ba ne, alkyabba ma haka, kuma kayan doki na hawan salla daban suke da lifidi da sulke na fita yaƙi. Wanda bai sani ba ya je ya tambayi mutanen fada, suna nan da ransu, kuma suna jin daɗin a tambaye su.

Bayan jadawali sai duba wuri. A je da darakta da mai ɗaukar hoto da mai ɗaukar sauti, kuma a je daidai lokacin da za a yi ɗaukar. Tsakar gidan da ke da inuwa mai daɗi da hantsi, da azahar rana ce tsaye a ka, idanun jarumai su koma ramuka baƙi. A auna tsawo da faɗi da tef, a ɗauki hoton kusurwa huɗu, a lura da inda taga take. Sannan kowa ya yi shiru minti biyar a saurara. Injin niƙa, makarantar Islamiyya da ke tashi da la'asar, janaretan maƙwabci, duk sai an yi shiru ake jin su. A Zariya akwai ƙarin abu guda: ƙananan jiragen Kwalejin Koyon Tuƙin Jiragen Sama suna shawagi da rana a kewayen Palladan, kuma fim ɗin zamanin da ba ya jure ƙarar jirgi. A waje kuma a ɗaga kai a duba wayar lantarki, da kwanon rufi, da farantin tauraron ɗan'adam, da turken kamfanin waya. Abin da zana ko asabari ko reshen bishiya zai rufe, a rubuta shi; abin da ba zai rufu ba, a sauya inda kyamara za ta tsaya. Ledar ruwa da ke ƙasa sai an sa mutum biyu sun tsince ta kafin kowace ɗauka, domin iska tana dawo da ita.

Maganar launi tana buƙatar a ɗan tsaya a kanta, saboda ita ce ke lalata hoton fina-finanmu fiye da tsufan kyamara. Kyamara ba ta gani kamar ido. Idan bango fari ne fat, shi zai kwashe hasken, mai ɗaukar hoto ya rage buɗin kyamara don kada bangon ya ƙone, sai fuskar jarumi ta dushe, tunda fatarmu ta fi bangon duhu nesa ba kusa ba. Maganinsa bango mai matsakaicin launi: ruwan ƙasa, ruwan toka, ruwan goro mai sanyi, shuɗi ko kore mai duhu. Fentin ya zama na ruwa, mara ƙyalli. Fenti mai mai yana mayar da hasken fitila, a ga wani farin tabo yana bin kan jarumi. Haka abin yake ga tufafi, shi ya sa dole mai tsara wuri da mai kayan sawa su zauna tare tun da wuri. Farar shadda mai sheƙi tana ƙonewa a hoto har aikin wuyan ya ɓace. A tsoma ta cikin ruwan shayi mara ƙarfi, a shanya, za ta fito fara a allo kuma ɗinkin ya bayyana. Yadi mai ƙananan layuka ko ƙananan gidaje yana rawa a allo kamar ana kaɗa ruwa, a guje shi a riga da labule da shimfiɗar gado. Kada kuma atamfar jaruma ta zama launi ɗaya da kujerar da za ta zauna a kai. Madubi a ɗan karkata shi don kada ya nuna ma'aikata, hotunan bango a cire musu gilashi, abin ƙarfe mai walƙiya a shafa masa busasshen sabulu.

Ɗakin haya na ƙafa sha biyu-sha biyu bai isa ɗaukar fim ba. In aka sa gado da kujera, aka shigo da kyamara da fitilu biyu da mai riƙe sandar sauti, dole a manna jarumi da bango, inuwarsa ta fito baƙa a bayansa, kuma duk hoton ya zama na fuska kawai. Ana so a sami ƙafa huɗu zuwa biyar tsakanin jarumi da bango, da wasu kamar haka bayan kyamara. Idan ɗakin zai fito a sin da yawa, musamman a fim mai dogon zango, ƙera shi ya fi haya sauƙi.

Ga lissafin ɗaki mai bango uku, ƙafa sha shida a baya, sha biyu a kowane gefe. Falle ɗaya na filawud ƙafa huɗu ne da takwas, mai kaurin kwata inci ya isa. Bangon baya zai ci falle huɗu, gefe biyu uku-uku, goma ke nan. Kowane falle a yi masa firam da katako tu-bai-tu, wato mai kaurin inci biyu-biyu: dogaye biyu na ƙafa takwas, gajeru uku na ƙafa huɗu, a rage musu kaurin katakon gefe. Tunda katakon ƙafa sha biyu yake zuwa, ashirin za su ba da dogo ɗaya da gajere ɗaya kowannensu, huɗu kuma su ba da sauran gajeru goma, don haka ashirin da huɗu sun isa firam goma. A ƙara goma na tokara, a sayi talatin da shida saboda wanda zai zo a lanƙwashe. Tokarar ta baya ce, a yi ta kusurwa uku, a danne ƙafarta da buhun yashi. Bangon da ba a danne ba yana girgiza duk sanda aka rufe ƙofa, kuma mai kallo yana gani. A haɗa fallayen da noti maimakon ƙusa, domin a iya cire bango guda kyamara ta shiga ta wurin. Tsagar da ke tsakanin falle da falle a liƙe ta da tsinken yadi mai faɗin inci uku da farin gam kafin fenti. Galan biyu na fentin ruwa sun isa shafa biyu. Ƙafa takwas ba ta da tsawo sosai, don haka in darakta yana son hoto daga nesa sai a ɗora ƙarin ƙafa biyu a sama. Bayan taga kuma kada a bar fili: a rataya zana ko a tsayar da wani bangon, ƙafa shida daga tagar, a haska shi.

In bangon ƙasa ake so, kada a yaɓa wa filawud laka. Tana da nauyi, tana jiƙa katakon ya kumbura, in ta bushe ta tsage ta zubo. A fara manna buhun algarara a jikin fallen, sannan a kwaɓa dusar katako da farin gam da fentin ruwa da jar ƙasa da aka tankaɗe, kauri kamar kunu mai ƙarfi, a shafa da tafin hannu yadda magina ke yin yaɓe, kauri bai wuce rabin inci ba. Da rani kwana biyu ya bushe, da damina a ba shi huɗu. A lanƙwasa kusurwoyi da takarda da gam, domin ginin ƙasa ba shi da kusurwa mai kaifi. Bayan ya bushe sai a tsufar da shi, kuma wannan mataki ne aka fi mantawa. Gidan da mutane ke ciki yana da tabon hannu a bakin ƙofa, da baƙin hayaƙi saman inda ake ajiye fitilar ƙwai, da zanen ruwa ƙarƙashin indararo, da wurin da bayan mutane ya goge a zaure. Fenti mai duhu da aka tsinka da ruwa sosai, a dangwala da soso, shi ke yin wannan. Sabuwar tabarma a shanya ta a rana kwana uku a tattaka, sabuwar tukunya a ɗora ta a murhu ta yi baƙi, sabuwar rigar manomi a wanke ta sau biyar a goga mata ƙasa a gwiwar hannu.

Sannan jere. A nan muna kira ga furodusoshi su sa mata a wannan sashe. Matar da ta saba jeren amarya ta san bambancin ɗakin amaryar 1985, mai gado mai rumfa da kwanukan samira da fanteka jere har sama, da na amaryar yau, kuma ta san abin da uwar gida mai shekara ashirin a gidan miji ta riga ta sayar ko ta ba 'yarta. Ita ce kuma za ta iya shiga cikin gidan da maza ba sa shiga ta nemo tsohon kumbo ko akushi.

Ranar ɗauka aikin ya koma tsaro. Ba a ɗaukar fim bi da bi. Ana iya ɗaukar shigowar mutum ɗaki yau, zamansa kuma bayan sati biyu. Saboda haka kafin a taɓa komai a ɗauki hoton wurin da waya daga kusurwa huɗu, a rubuta lambar sin, a yi wa ƙafar kowace kujera alama da alli. A lura da inda shayi ya kai a kofi, da tsawon kyandir, da abin da agogon bango ya nuna; a cire masa batir, a riƙa saita shi da hannu. Abincin da za a ci a tanadi ninki uku, tulun da za a fasa a sayi huɗu iri ɗaya. Fim mai dogon zango da aka fara da hunturu aka ƙarasa da damina zai nuna busasshiyar ciyawa da ɗanya a yini ɗaya na labari, don haka a gama duk sin na waje a yanayi guda. Mai sauti ma yana da haƙƙi a kan mai tsara wuri: ɗaki mai tayil babu labule yana amsa kuwwa, sai an shimfiɗa darduma ko bargo inda kyamara ba ta gani, firij da fanka a kashe, kujerar leda mai ƙara a sauya ta.

Akwai abubuwan da ba a wasa da su. Rufin ciyawa da zana ba sa shiri da fitila mai zafi, a bar tazara, a ajiye bokitin yashi biyu da na ruwa kusa. Takobi da wuƙa na faɗa a sassaƙa su da itace a yi musu fenti ruwan azurfa. In za a fito da bindigar wasa ko kakin jami'an tsaro a titi, a sanar da 'yan sanda da mai unguwa tun kafin ranar. Buga takardar naira ta bogi laifi ne ko da don fim ne. A yanka farar takarda daidai girmanta, a ɗora ta gaske sama da ƙasa a ɗaure. Dokar Babban Banki ta 2007 ta hana liƙi da tattaka naira, a tuna da wannan a sin ɗin biki. Allon da ke da ayoyi kuma a ba mutum guda amanarsa, kada a bar shi a ƙasa cikin wayoyi da takalma. Gidan da aka ara a rubuta yarjejeniya da maigidan: kwana nawa, ɗaki nawa, za a yi fenti ko a'a, wa zai mayar da shi yadda yake. Unguwanni da yawa sun rufe wa 'yan fim ƙofa saboda ramin ƙusa da fasasshen kwano da ba a biya ba.

Duk wannan yana cin lokaci, kuma ba a fafe gora ranar tafiya. A ganinmu fim na zamanin yau yana buƙatar sati biyu zuwa uku na shiri, na zamanin da kuwa sati shida. Kuɗin kaya daban, ladan mai aikin daban. In aka haɗe su dunƙule guda, ko dai mai aikin ya tashi a tutar babu, ko ya rage kayan. A ƙara kashi goma cikin ɗari na abin da ba a zata ba, kowane saye da rasit, a biya lada kashi uku: farkon shiri, farkon ɗauka, da ranar da aka mayar da kayan aro.

Ga matashin da ke son wannan sana'a, hanyarta daga ɗaukar kaya take farawa. Ya bi wanda ya iya, fim uku ko huɗu, yana riƙe jadawali da hotunan wuri. Ya koyi awo, ya koyi zana taswirar ɗaki a ma'aunin santimita biyu a madadin mita ɗaya, ya koyi yin ɗan samfuri da kwali, domin darakta ya fi gane abin da ya riƙe a hannu. Manhajar zana fasalin gini ta SketchUp tana taimakawa ga mai kwamfuta. Ya yi wata uku a shagon kafinta, ko da ba zai zama kafinta ba, don ya san abin da zai yiwu da kuɗin da zai ci. Ya ɗauki hoton kowane wuri kafin aiki da bayan aiki, waɗannan hotuna su ne takardar shaidarsa. Ya fara tara kaya: tsohuwar rediyo, fitilar ƙwai, akwatin ƙarfe, tsofaffin kwafin Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda a nan Zariya aka fara buga ta a 1939. Kowane abu da lambarsa a littafi. Bayan 'yan shekaru hayar kayan nan kaɗai tana riƙe mutum lokacin da babu fim, ga kuma aikin talla, da dandalin shirin talabijin, da adon wurin biki.

Zariya tana da duk hannayen da aikin ke nema. Jami'ar Ahmadu Bello tana da sashen wasan kwaikwayo, da na zane-zane, da na tsara gine-gine, kuma dandalin wasanta na Samaru, wanda Steven Ehrlich ya tsara a shekarun 1970, da ƙasa aka gina shi bisa fasalin gidan Bahaushe. Mai son karatun fim zalla ga Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa a Jos. A cikin birni akwai masu ɗinkin babbar riga na hannu da suka san aska biyu da aska takwas, akwai magina da suka san tubali da azara da makuba da yadda ake tayar da bakan gizo da zanko. Garin Babban Gwani Muhammadu Durugu ne, wanda ya gina tsohon Masallacin Juma'a a shekarun 1830, kuma hotunan cikin masallacin suna cikin littattafan gine-gine ga mai son ya ga yadda ake ɗaure rufi. Ga ragowar ganuwa da ƙofofinta, ga Dutsen Kufena. Ɗaliban nan da magina da maɗinka ba su cika haɗuwa da furodusoshi ba, kuma wannan haɗuwa ce muke fata jaridarka ta taimaka a yi.

Roƙonmu gare ka, ranka ya daɗe, shi ne masu yi maka sharhin fim su riƙa duba wuri kamar yadda suke duba wasan jarumai, su ambaci sunan wanda ya tsara shi, su yaba inda ya yi daidai, su nuna inda ya kauce. In sun duba jerin sunayen ƙarshen fim ba su ga kowa a wannan gurbi ba, su rubuta hakan ma.

Wassalam.

Naka,
Wasu masu tsara wurin fim da wasan kwaikwayo,
Samaru, Zariya.